Yadda Ake Shirya Fim Ɗin Gaskiya da Matan da Suka Zauna a Gidan Yari

Duk wanda ya ƙudiri aniyar ɗaukar kyamara ya nufi matan da suka zauna a gidan yari domin su ba da labarin zamansu da bakinsu, ya kamata ya fara da sanin cewa aikinsa zai ƙare cikin watanni, su kuwa matan za su ci gaba da rayuwa da abin da suka faɗa har iya tsawon ransu. Akwai wadda za ta koma ɗakin da gandirobar da ta yi ƙorafi a kanta ke riƙe da makullinsa. Akwai wadda ta fito ta sami aiki ba tare da maigidan aikin ya san inda ta baro ba, akwai kuma wadda aka gaya wa 'ya'yanta cewa tafiya ta yi. Saboda haka kowane matakin da zan bayyana a nan na auna shi ne da abin da zai iya samun matar bayan an kashe kyamara.

Kafin a nemi kowa, a san girman al'amarin. Ƙididdigar da cibiyar binciken laifuka da shari'a ta kwalejin Birkbeck da ke Landan ta fitar a 2022 ta nuna cewa mata da 'yan mata fiye da 740,000 ne ke tsare a gidajen yarin duniya, wato kusan kashi 7 cikin 100 na dukkan fursunoni. Yawansu ya ƙaru da kusan kashi 60 cikin 100 tun daga 2000, alhali na maza ya ƙaru da kimanin kashi 22. A wancan lokacin Amurka ce kan gaba da fiye da 200,000, sai Sin, Brazil, Rasha da Tailan. Ƙarancin mata a cikin fursunoni shi ne tushen yawancin wahalarsu, domin an gina gidajen ne da maza a zuci, kuma tun da wuraren tsare mata kaɗan ne, sau da yawa akan kai mace nesa da danginta har ziyara ta gagara. Mai shirya fim da ya fahimci wannan ya san inda zai dosa da tambayoyinsa.

Takardar da ta fi kowace amfani ga wannan aiki ita ce Ƙa'idojin Bangkok, guda 70, waɗanda Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya amince da su a Disamba 2010 game da yadda za a riƙe mata fursunoni. A karanta su da alƙalami a hannu, domin kusan kowace ƙa'ida tana buɗe ƙofar wata tambaya. Ƙa'ida ta 5 ta ce a ba mata audugar mata kyauta tare da isasshen ruwa. Ta 19 ta ce ma'aikata mata ne kaɗai za su caje jikin mace. Ta 22 ta hana kulle mai ciki ko mai shayarwa ita kaɗai a matsayin horo, ta 23 ta hana horon mace ta hanyar yanke ta daga 'ya'yanta, ta 24 kuwa ta hana sa mata ankwa ko mari lokacin naƙuda da haihuwa da kuma bayan haihuwa nan take. A haɗa da Ƙa'idojin Nelson Mandela na 2015, waɗanda suka bayyana kulle mutum shi kaɗai da cewa tsare shi ne awa 22 ko fiye a rana ba tare da hulɗa mai ma'ana da mutane ba, suka kuma haramta hakan idan ya wuce kwana 15 a jere. Amfanin sanin waɗannan shi ne, mace za ta iya ambata abu a cikin hira kamar ba komai ba, don ta saba da shi, alhali keta haddi ne da duniya ta riga ta yi ittifaƙi a kansa. Wanda bai karanta ba zai bar maganar ta wuce.

Da wa za a fara

Shawarata ita ce a fara da matan da suka riga suka fito. Sun fi 'yancin magana, sun sami lokacin juya abin da ya same su a zuci, kuma babu wanda zai hana su abinci ko ziyara gobe saboda abin da suka faɗa yau. Ana samun su ta hanyar ƙungiyoyin da ke tallafa wa tsofaffin fursunoni, da lauyoyin da ke ba da taimako kyauta, da malaman addini da ke shiga gidajen yari. A bar ƙungiyar ta isar da saƙo, matar da kanta ta nemi mai shirin idan tana so. Kada a karɓi jerin sunaye da lambobin waya a riƙa kira, domin kiran baƙo da ya san sirrin mace yana da firgitarwa, kuma mai yiwuwa wani ne zai ɗaga wayar. A kuma lura da cewa wadda aka saka bisa sharaɗi ba ta gama fita ba, don haka a bincika ko sharuɗɗan sakinta sun taɓa batun magana da 'yan jarida.

Zaman farko, da na biyu ma, a je ba kyamara. A bayyana wane ne ke biyan kuɗin aikin, ina za a haska fim ɗin, wa zai iya kallonsa, kuma a faɗi a fili cewa idan ya hau intanet babu mai iya sauke shi gaba ɗaya, domin magana zarar bunu ce. Yana da kyau ƙwarai a ɗauki ɗaya daga cikin tsofaffin fursunonin a matsayin mai ba da shawara, a biya ta kamar kowane ma'aikaci, a sa sunanta ko sunan da ta zaɓa a cikin masu aikin. Ita ce za ta gane tambayar da za ta yi ciwo ba tare da amfani ba, ita ce kuma za ta gane lokacin da ake faɗa wa kyamara abin da ake zaton tana son ji.

Shiga cikin gidan yari da kyamara wani al'amari ne daban, kuma doka ba ta cika goyon bayan mai shirin ba. A Amurka Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a 1974, ta kuma sake ƙarfafa shi a 1978, cewa 'yan jarida ba su da wani haƙƙin shiga gidan yari fiye da na sauran jama'a. A Birtaniya babbar kotun ƙasar ta lokacin ta yanke a 1999 cewa ba za a hana fursuna ganawa da ɗan jarida ba idan yana neman a binciki hukuncin da yake ganin an yi masa bisa kuskure, amma wannan bai buɗe ƙofa ga kowace kyamara ba. A mafi yawan ƙasashe izni yana hannun hukumar gidajen yari ko ma'aikatar da ke kula da ita. A rubuta takarda, a yi haƙurin jira, kuma idan izni ya fito a karanta sharuɗɗansa da lauya. Ana iya amincewa da hukuma ta duba hotuna domin abin da ya shafi tsaro, kamar makullai da wuraren da kyamarorin tsaro suke. Abin da ba za a amince da shi ba shi ne ta sami ikon cire maganar fursuna, ko a miƙa mata ɗanyen hoton da aka ɗauka, wato wanda ba a tace ba tukuna. Idan ta dage a kan haka, gara a haƙura da shiga.

Ko da an shiga, hukuma ce za ta so zaɓo waɗanda za su yi magana, kuma za ta zaɓo masu ladabi da ke ajin ɗinki ko na karatu. Ba laifi a saurare su, labarinsu ma gaskiya ne, amma a nemi damar yi wa mata da yawa bayani a tare sannan masu so su gabatar da kansu. A roƙi a yi hira inda ma'aikaciya za ta iya gani amma ba za ta iya ji ba. Idan hakan bai samu ba, kada a yi tambayar da amsarta za ta jawo wa matar horo, kuma a rubuta a jikin fim ɗin cewa an yi hirar ne a gaban ma'aikata, domin mai kallo ya san yadda zai auna abin da ya ji.

Batun amincewa

A nan ne ya kamata a fi daɗewa, domin a nan ne fina-finai masu kyakkyawar niyya ke cutar da mutane. Matar da ke kulle ta saba da cewa "to" ga duk wanda ya shigo da takarda. Tana iya zaton cewa ƙin yarda zai ɓata wa shugabar gidan rai, ko kuma yarda za ta kawo mata afuwa, ko lauya, ko kuɗin tara. Dole a kawar da waɗannan zato ɗaya bayan ɗaya, a ce mata fim ɗin ba zai rage mata ko kwana ɗaya ba, ƙin shiga ba zai ƙara mata komai ba, kuma ba za a gaya wa hukuma wadda ta ƙi ba. A yi bayanin da harshen da ta fi ji, a karanta mata takardar idan ba ta karatu, sannan a roƙe ta ta maimaita da bakinta abin da ta fahimta. A ba ta kwanaki ta yi tunani.

Tarihin wannan sana'a yana da darasi a kan haka. Fim ɗin Titicut Follies da Frederick Wiseman ya fitar a 1967, wanda ya ɗauka a asibitin masu taɓin hankali da ake tsare da su a Bridgewater ta jihar Massachusetts, ya fallasa wulaƙanci mai tsanani, amma kotu ta hana haska shi ga jama'a har zuwa 1991 bisa hujjar cewa ya keta sirrin mutanen da ke ciki. Da yawa suna ganin hukuma ta fake ne da wannan hujja don rufe asirinta, kuma ina ganin akwai gaskiya a cikin haka. Duk da haka, raunin amincewar waɗanda aka ɗauka shi ya ba ta abin fakewa. Amincewa mai ƙarfi tana kare matar, tana kuma kare fim ɗin.

A nemi amincewa sau uku: kafin ɗauka, bayan hira, da kuma bayan an tace an nuna mata ɓangarenta. A rubuta ranar ƙarshe da za ta iya janyewa, kuma idan ta janye a mutunta hakan ko da ita ce ginshiƙin fim ɗin. Wadda ke jiran shari'a kuwa tana buƙatar kulawa ta musamman. Kusan kashi ɗaya cikin uku na fursunonin duniya ba a yanke musu hukunci ba tukuna, kuma duk abin da irin wannan mata ta faɗa game da tuhumar da ake mata zai iya komawa hujja a gaban alƙali. A yi magana da lauyanta tukuna, a taƙaita hirar ga yanayin zama, a dakatar da ita cikin ladabi idan ta fara shiga bayanin shari'ar.

Game da kuɗi, a biya kuɗin mota da na ranar aikin da ta rasa da na mai kula mata da yara, a kuma faɗi adadin tun farko, daidai wa daida ga kowa. Kada a ɗaura biyan a kan irin labarin da za ta bayar.

Ranar hira

Ma'aikatan su zama kaɗan, kuma gwargwadon iko mata, musamman mai tambaya da mai ɗaukar murya da za ta maƙala makirfo a jikin riga. Da yawa daga cikin matan da ke gidan yari sun sha duka ko fyaɗe tun kafin a kama su, kuma an sha caje jikinsu ba da son ransu ba, saboda haka ko maƙala makirfo sai an nemi izni, ko a miƙa mata ta maƙala da kanta. Ita za ta zaɓi wurin zama. Kada a sa ta a lungu, kada a tare tsakaninta da ƙofa, kada a kulle ƙofar. A daidaita kyamara da tsayin idonta. A kashe fanka da duk abin da ke ƙara, domin mai kallo yana jure hoto mai duhu amma ba ya jure muryar da ba ya ji, kuma a irin wannan fim murya ita ce kusan komai.

Kada a buɗe da tambayar laifin da ta yi. Wannan ita ce tambayar da ɗan sanda da alƙali da maƙwabta suka riga suka yi mata, kuma da zarar ta ji ta za ta koma matsayin wadda ake tuhuma. A fara da abin da ido ya gani da abin da hannu ya taɓa. Me aka karɓe daga hannunki a ranar da kika shiga? Ina kika kwanta a daren farko, wa ya fara yi miki magana? Yaya ake samun ruwan wanka, yaya ake yi lokacin al'ada, wa ya riƙe miki yara, me kika ce musu? Yaya ranar ziyara take ga wadda ba a zo wa ba? Irin waɗannan tambayoyi suna fito da bayani filla-filla wanda babu marubucin da zai iya ƙirƙiro shi. A tambayi kuma abin da ya riƙe ta: ƙawar da ta raba sabulu da ita, dattijuwar da ta karɓi haihuwa, ma'aikaciyar da ta yi mata alheri, sana'ar da ta koya. Fim ɗin da ya nuna mata suna kuka kawai ya tauye su, domin sun yi dabara, sun yi dariya, sun riƙe juna. Ranar fita ma tana da nata labari, kuma sau da yawa ya fi na shiga ɗaci, idan mace ta tarar miji ya sake ta ko 'ya'ya sun manta fuskarta.

Idan ta yi shiru, a bar shirun. Idan ta fashe da kuka, kada a matso da kyamara, a tambaye ta ko a tsaya, kuma tun kafin a fara a yarje a kan alamar hannu da za ta yi idan tana son a kashe. Kada a taɓa sa ta maimaita labarin cin zarafi don hasken bai yi kyau ba. Awa ɗaya zuwa ɗaya da rabi ya isa, sauran a bari sai wata rana. A rufe hirar da maganar yau da gobe, a tabbata akwai wanda za ta koma wurinsa, a kira ta washegari, kuma a riga an tanadi mai ba da shawara kan damuwa da za a iya haɗa ta da shi.

Ɓoye kamanni yana buƙatar ƙwarewa fiye da yadda ake zato. Dusashe fuska kaɗan ba ya hana dangi ganewa, kuma muryar da aka ɗaga ko aka sauke da na'ura ana iya mayar da ita yadda take. Tabo, zobe, zanen jiki, salon tafiya, labulen ɗaki, sunan unguwa, shekarar da aka kama ta haɗe da yawan 'ya'yanta, kowane ɗaya yana iya tona ta. Hanya mafi aminci ita ce kada a ɗauki fuskar tun farko, kuma a sa wata ta karanta kalmominta yadda ta faɗe su, a sanar da mai kallo cewa an yi haka. Yaran da ke zaune da iyayensu mata a ciki, waɗanda Ƙa'idojin Bangkok suka ce kada a taɓa ɗaukar su a matsayin fursunoni, ba a nuna fuskarsu ko da uwa ta yarda. Ƙa'idojin Mandela sun ce yaron da aka haifa a gidan yari kada a rubuta hakan a takardar haihuwarsa, to bai dace fim ya rubuta masa abin da takarda ta rufa ba. Ɗanyen hoto kuwa a adana shi a ma'ajiya mai kulle da kalmar sirri, a raba sunayen gaskiya da fayilolin, a goge bayanan wuri da na'ura ke liƙawa, kuma a san tun farko abin da dokar ƙasa ta ce idan kotu ta nemi a miƙa shi.

Idan ba a sami shiga ba, ba a rasa abin nunawa ba. Matar tana iya zana taswirar ɗakin a takarda tana nuna inda kowa ke kwana, ko ta auna faɗinsa da taku a fili. Wasiƙu, jakar da ta fito da ita, abin da ta saƙa a ciki, doguwar hanyar da mahaifiyarta ke bi zuwa ziyara, duk hotuna ne masu magana. Zanen motsi, irin na katun, yana aiki sosai wajen abin da ba za a iya ɗauka ba. A guji hoton hannaye riƙe da sandunan ƙarfe da ƙarar rufe ƙofa da kiɗan tausayi, an gaji da su, kuma suna mayar da kowace mace fursuna guda ɗaya marar suna. Duk abin da aka kwaikwaya a rubuta cewa kwaikwayo ne.

Girmama mai labari bai hana tantancewa ba. A duba takardun kotu, a gwada bayanin mace ɗaya da na wasu da suka zauna a wuri ɗaya a lokaci ɗaya, a nemi rahotannin masu sa ido kan gidajen yari. Idan kwanan wata ya rikice mata, wannan ba alamar ƙarya ba ce, haka tsananin firgici ke yi wa tunani. Zargi mai nauyi a kai shi ga hukuma a rubuce domin ta mayar da martani, ba tare da bayanin da zai nuna wadda ta yi shi ba, kuma kada a ambaci sunan ma'aikaci sai da hujja da shawarar lauya. Inda laifin ya shafi wani mutum, kada a ɓoye shi don a sa matar ta yi kyau, a faɗe shi a taƙaice da gaskiya, a kuma sanar da waɗanda abin ya shafa kafin fim ya fita.

Wajen tacewa, a bar jimlolinta su kai ƙarshe, kada a ɗinke rabin magana da rabin wata har ma'ana ta sauya. A rage muryar mai sharhi, alƙaluma da ƙa'idoji su fito a rubuce a gajarce a inda labarinta ya kira su. Sannan a kai mata ɓangarenta ta kalla a keɓe, tare da wanda ta amince da shi. Tana da ikon cire abin da zai jefa ta ko 'ya'yanta cikin haɗari da gyara kuskure, kuma wannan iyaka a bayyana ta tun ranar farko domin kada a yi saɓani a ƙarshe.

Haskawar farko ta zama ta matan da ke ciki da waɗanda suka gayyata. Bayan haka a kai fim ɗin gaban alƙalai, 'yan majalisa, shugabannin gidajen yari da makarantun horar da ma'aikata, tare da buƙata takamaimiya, kamar aiwatar da ƙa'ida ta 64 ta Ƙa'idojin Bangkok da ta fifita hukuncin da ba na ɗauri ba ga masu ciki da masu ƙananan yara idan laifin ba mai tsanani ba ne. Gajerun yankuna da ake yaɗawa a Facebook ko YouTube su ne suka fi isa unguwar matar, don haka kowane yanki a nemi izninta daban, a sa wanda zai riƙa goge zagi a ƙarƙashinsa ko a rufe sharhi gaba ɗaya. A sanar da ita ranar fitowa da makonni domin ta shirya danginta, a ware kuɗi a kasafin aikin don taimakon lauya ko sauya wurin zama idan abu ya taso, kuma a bar mata lambar da za a ɗaga idan ta kira bayan shekara ɗaya ko biyu.